"Malam, Play Store ɗina ya gudu": amsoshin da na gaji da maimaitawa

Gyaran waya nake yi a nan cikin garin Sakkwato, kuma da wuya rana ta fito ta faɗi wani bai miƙo mini waya ba yana cewa, "Malam, duba wagga waya, Play Store ɗina ya gudu." Ya gudu zuwa ina? Ƙafa gare shi? Daga Mabera ake zuwa, daga Arkilla, daga Runjin Sambo, har akwai wanda ya biya kuɗin mota tun daga Bodinga saboda aikin da bai kai minti biyu ba. Shi ya sa na zauna na rubuta wannan. Wanda ya sake tambayata, nan zan turo shi.

Yaro ya ɗauki wayata ya goge Play Store. Mi zan yi?

Bai goge ba, Hajiya, kada ki doke shi. Play Store, wato kasuwar da ake sauke manhajoji a waya, ba ya goguwa. Tare da wayar aka gina shi tun daga masana'anta, ba irin WhatsApp ba ne da kika sauke da kanki. Iyakar abin da yatsan yaro zai iya shi ne ya cire hotonsa daga fuskar waya, ko ya kashe shi, ko ya ɓoye shi. Duka ukun suna da magani, kuma kyauta.

Na duba fuskar waya kaf ban gan shi ba.

Shafa fuskar daga ƙasa zuwa sama, jerin manhajoji zai fito. A gurbin bincike rubuta Play. In ya fito, danne shi ka riƙe, ka ja shi zuwa gaba. Shi ke nan. Rabin masu zuwa wurina a nan aikinsu yake ƙarewa, sai su tsaya suna dariyar kunya.

Abokina yana da shi, ya turo mini ta Xender?

A'a.

Don mi?

Don ba ka san abin da ke cikin fayil ɗin ba, shi ma bai sani ba. Wani ya turo masa, wancan ma wani ya turo masa, haka har zuwa wanda ba wanda ya san fuskarsa. Ɓarayin intanet suna sane da cewa mutane na neman Play Store, sai su ƙera manhaja su liƙa mata wannan hoto mai kusurwa uku. Kana sakawa ta nemi izinin karanta saƙonninka, kai kuma ka danna "eh" ba tare da ka karanta ba. Lambar da banki yake turo maka ta saƙo ke nan ka miƙa. Ko da fayil ɗin na gaskiya ne, in Play Store ɗinka a kashe yake, kunna shi ake yi, ba ɗora masa wani ba.

To ina ake kunna shi?

Shiga saitin waya, wannan hoton mai kama da haƙorin inji. Nemi inda aka rubuta Apps, ka buɗe jerin duka manhajoji, ka gangara zuwa harafin G, don cikakken sunansa Google Play Store ne, kuma da yawa suna ɓata lokaci a harafin P. In ka buɗe ka ga an rubuta Enable, danna. Ya dawo.

Masu Tecno da Infinix, ku leƙa Freezer. Wani akwati ne da ake jefa manhaja ta daskare don kada ta ci batir, kuma abin da aka jefa ciki ba ya bayyana a waje. Masu Samsung su duba saitin fuskar waya, akwai wurin ɓoye manhajoji. Sai kuma wanda ya fi yawa lokacin bazara: ba wuta, zafi ya gasa batir, mutum ya kunna tsarin tsimin caji mai tsanani, wanda yake barin kira da saƙo da 'yan manhajoji kaɗan kawai. Wuta ta dawo, an yi caji, an manta ba a fita daga tsarin ba, sai a taho shago da gudu wai komai ya ɓace. Fita daga tsarin, komai na nan.

Ka san kalmar sirrin Gmail ɗinka?

Wannan ba ku kuke tambaya ba, ni nake tambayarku, kuma amsar da nake samu kullum ita ce, "Ai yaron shagon da na sayi wayar shi ya buɗe mini." Subhanallahi. Play Store ba ya aiki sai da asusun Google. Lambobin mutanenka, hotunanka, ajiyar hirarka ta WhatsApp, duk a wannan asusu suke rataye, kuma makullin yana hannun yaron da ba ka ma san ko yana garin ba. Tun daga Android 5.1, wato tun 2015, in aka wanke waya ta ƙarfi, wato aka goge komai na cikinta, ba a cire asusun ba, tana tashi za ta nemi tsohon Gmail da kalmar sirrinsa, in babu ta kulle. An yi haka ne don ɓarayin waya, amma masu waya na halak da suka manta sun fi kowa shan wahalarsa. Yau ɗin nan ka canja kalmar, ka haɗa asusun da lambar layinka, ka rubuta a takarda ka sa cikin akwati.

Yana nan, amma ba ya buɗewa. Ko ya buɗe, sai ya yi ta juyawa ba ya sauke komai.

Fara da agogo. In kwanan wata da lokacin wayarka ba daidai suke ba, na'urorin Google ba za su amince da ita ba. Mayar da shi ya riƙa saita kansa daga layi. Sannan duba ko akwai wuri a wayar, don wayar da aka cika da bidiyon biki da wa'azi har wuya ba ta da inda za ta ajiye sabon abu. In duka lafiya, koma Apps, buɗe Google Play Store, shiga ma'ajiyarsa ka danna Clear cache, in bai yi ba Clear data. Kada ka ji tsoro, manhajojinka ba za su taɓu ba. In ya ƙi, a ɗigo uku na sama akwai Uninstall updates, zai koma yadda ya zo daga masana'anta sannan ya sabunta kansa. Ka tabbata Google Play services da Download Manager ba a kashe suke ba, don masu son "rage cin data" su suke fara kashewa. Wani lokacin kuma an saita shi ne kada ya sauke komai sai da Wi-Fi, kai kuma data kake amfani da ita. Zai jira har tashin kiyama.

Palm Store da Play Store ɗaya ne?

A'a. Palm Store na Transsion ne, kamfanin da ke yin Tecno da Infinix da itel. Galaxy Store na Samsung. Play Store na Google, wanda ya fara da sunan Android Market a 2008 aka canja masa suna a 2012.

Na bi duk abin da ka faɗa, babu shi ko a cikin saiti. Sabuwa ce fil, tsaraba aka kawo mini. Za a iya saka shi?

Yawwa, wannan ita ce tambayar da take sa in ajiye abin da ke hannuna in jawo wa mutum benci. Amsar ita ce: wataƙila, kuma ya danganta da wace waya ce, da kuma abin da kake so ka yi da ita.

In Huawei ce, matsalar ba daga wayarka take ba, daga siyasa take. A watan Mayun 2019 gwamnatin Amurka ta saka Huawei cikin jerin kamfanonin da aka hana kamfanonin Amurka hulɗa da su sai da izini, Google kuwa na Amurka ne. Wayoyin da suka riga suka sami lasisi, irin su P30 da Y9 Prime 2019, suna da Play Store ɗinsu lafiya lau. Waɗanda suka biyo baya, daga Mate 30 zuwa P40 da nova 7i da Y7p da Y6p, ba su taɓa samunsa ba. Ba ɓacewa ya yi ba, ba a haife su da shi ba. AppGallery aka saka musu a madadinsa. Honor kuma labarinta daban: an sayar da ita daga hannun Huawei a ƙarshen 2020, kuma daga Honor 50 manhajojin Google suka dawo a wayoyin da ake fitarwa ƙasashen waje. Saboda haka sai na ga lambar samfurin kafin in ce komai.

In kuma Xiaomi ce ko Oppo ko Vivo, kana kunnawa ka ga rubutun Sinanci nan da can, to wadda aka yi don kasuwar cikin Sin ce, inda Play Store ba ya aiki. Waɗannan sun fi sauƙi, amma ba duka ba. Wasu suna da ginshiƙin Google a kwance a ciki, akwai maɓalli a saitin asusu da ake kunnawa, sannan a ɗora Play Store a kai ya zauna daram. Wasu babu. Ga waɗanda babu, akwai fayiloli huɗu da ake sakawa bi da bi: Google Account Manager, Google Services Framework, Google Play services, sannan Play Store a ƙarshe, kuma kowanne sai ya dace da lambar Android ɗin wayar. A nan kaɗai nake yarda da sauke fayil ɗin Play Store daga waje, shi ma daga wuri sananne irin APKMirror, kuma ni zan yi da hannuna. Wani lokaci ya yi. Wani lokaci ya yi na wata biyu, wayar ta sabunta kanta, ya rushe. Ba na rantsuwa a kansa.

A Huawei ɗin da na ambata, wannan hanya galibi ba ta ɓullewa. Abin da ake yi shi ne saka GBox ko GSpace, wato wani ɗaki ne a cikin wayar da yake yi wa Google shigar burtu, ya nuna kamar wata waya ce daban. YouTube da Gmail da taswira sukan yi aiki a ciki. Amma sanarwar saƙo takan makara, batir yakan sha wuya, kuma, abin da ya fi damuna, kalmar sirrinka ta Google kake rubutawa a cikin ɗakin da wani ya gina. Ni dai in zan saka wa mutum, sabon Gmail nake buɗe masa wanda babu komai a ciki.

Sai batun kuɗi. Wani Alhaji mai fataucin albasa daga wajen Illela ya kawo mini irin wannan waya, ɗansa ya yo masa tsaraba, kyamara kamar me. Na ce, "Ranka shi daɗe, mi kake yi da waya?" Ya ce kira, WhatsApp, da turawa da karɓar kuɗi. WhatsApp ba matsala, ana sauke shi kai tsaye daga shafin kamfanin, sai dai ajiyar hira a Google Drive ba za ta yiwu ba. Manhajar banki ce ƙashin bayan maganar. Wasu suna AppGallery, wasu ba sa nan, wasu kuma suna bincikar wayar, in suka ga ba ta da shaidar Google su ƙi buɗewa, ko su buɗe yau su ƙi gobe. Mutumin da motar albasa ke jiransa a tasha ba zai zauna da "wataƙila" ba. Na ce masa ya riƙe wannan don hoto da kallo, harkar kuɗi ya bar ta a tsohuwar wayarsa ko ya yi da lambobin banki da ake dannawa. Bai ji daɗi ba, amma bai dawo da kuka ba. In ɗalibi ne daga jami'ar Ɗanfodiyo mai son wasa da waya, sai in ce ya gwada, ba abin da zai rasa. In kasuwancinka a wayar yake kuma ita kaɗai gare ka, musanya ta tun tana da daraja.

Akwai kashi na uku da ba na son faɗa wa mutum a gaban jama'a: wayar jabu, ko wadda aka yi wa filashin, wato aka goge tsarin da ke tafiyar da ita aka ɗora mata wanda ba nata ba. In Play Store ya samu ya buɗe, shiga saitinsa, ƙarƙashin About, zai faɗa maka ko wayar tana da shaidar Play Protect. Tun 2018 Google yake toshe wayoyin da ba su da ita.

A yi mata filashin kawai a huta?

Kai! Don ƙuda ya sauka a tuwo ba a zubar da tukunya. Filashin shi ne na ƙarshe, bayan an kwashe hotuna da lambobi, bayan ka tabbatar da Gmail ɗinka. Kuma ko an yi wa Huawei P40 filashin sau goma, Play Store ba zai tsiro ba. Duk wanda ya fara da "sai an yi filashin" tun bai buɗe saiti ba, karɓi wayarka ka yi gaba.

Ni iPhone gare ni.

Naka App Store ne, kuma a wayoyin da ke hannunmu a nan shi ma ba ya goguwa. Ja fuskar ƙasa ka rubuta sunansa, ko ka duba App Library a shafin ƙarshe. In babu, an rufe shi ne a Screen Time: shiga Content & Privacy Restrictions, wurin sayayyar iTunes da App Store, ka mayar da Installing Apps zuwa Allow. In ya nemi lambobi huɗu kuma ba kai ka saka ba, koma wurin wanda ya sayar maka.

Ƙaramar wayata mai maɓalli fa?

Inna, wannan ba ta da shi, ba ta taɓa yi ba, kuma lafiyarta ƙalau. Ki ci gaba da kiranki.

Nawa za a biya?

In kunnawa ce ko fito da shi daga ɓoye, ni ba na karɓar ko sisi, kunya ma ba za ta bar ni ba. In wayar Sin ce mai fayiloli huɗu, a nan akwai kuɗin aiki da na data, kuma tun kafin in taɓa nake faɗa cewa zai iya rushewa. Ka zo da wayar da caji a cikinta, ka zo da kalmar sirrinka, kuma don Allah kada ka zo ana kiran sallar Azahar.