Hajiya, kada warak inab ya kwana a tukunya

Tun da aka kama azumin bana, sau uku ke nan ana kwaso mana mutanen gida guda zuwa asibiti tsakanin asuba da hantsi, kowa na kelaya amai. A karon farko na zargi ruwan sha. Sai da na zauna da uwargidan na tambaye ta me aka ci da sahur, ta ce ai ba wani abu ba ne, ragowar warak inab ɗin da ta yi na buɗa-baki ne. Na ce a ina ya kwana? Ta ce a tukunyarsa, a kicin, kuma wallahi ta rufe shi ruf. Gida na biyu da na uku ma amsar ke nan, kamar sun haɗa baki.

Ga wadda ba ta san shi ba, abincin mutanen Sham ne da Turkiyya da Masar. Ganyen inabi ake samu, a zuba masa haɗin ɗanyar shinkafa da tumatir da albasa da na'a-na'a, a naɗe shi siriri kamar ɗan yatsa. A shimfiɗa yankakken dankali a gindin tukunya, a jera naɗin a kai, a danne da faranti don kada ya warware, a zuba ruwa da man zaitun da lemon tsami, a bar shi kan wuta kaɗan-kaɗan. Wanda ba a sa wa nama shi ake kira yalanji, kalmar Turkanci ce mai nufin maƙaryaci, wai don ya yi kama da mai nama alhali babu. Kano ta daɗe da sanin girkin Kwarori, ga kuma 'yan uwanmu da suka zauna a Saudiyya da Masar. Yanzu kuwa TikTok ya kai shi kicin ɗin kowace amarya. Ni ma ina son sa, ban ƙi a ba ni faranti guda ba.

Abu ɗaya ne ke ɓata mini rai: barin sa ya kwana a waje.

Na san inda kuka samo wannan ɗabi'a. A bidiyo ana cewa yalanji da sanyi ake cin sa, a bar shi ya huce a tukunya, kuma ya fi daɗi washegari. Gaskiya ne. Amma mai bidiyon in ya huce firiji take kai shi, firijin da wuta ba ta yanke masa. Ke kuma kin sauke naki da la'asar, kin bar shi a kicin ɗin da ko mutum ba ya iya minti goma a ciki, a garin da zafinsa kan kai digiri 40 a bazara, kin zo kin zuba wa yara ƙarfe huɗu na asuba. Ƙirga da kanki. Awa goma sha biyu fa ke nan, haba Hajiya!

Dafaffiyar shinkafa ba ta son zama cikin ɗumi. Akwai ƙwayar cutar da ke zuwa tare da ɗanyar shinkafa, dahuwa ba ta gamawa da ita, tana samun ɗumi sai ta yaɗu ta zuba guba. Cikin awa ɗaya zuwa shida da ci amai ke farawa. Iyakar bayanin ke nan, ba sai mun shiga aji ba.

Uzurorin duk na haddace su. Wai ai babu nama a ciki. To ba naman nake tsoro ba, shinkafar ce. Wai lemon tsami ya tsare shi. Tsamin da kika matsa don ɗanɗano ba zai yi gadin tukunya dare guda ba. Wai kin shinshina ba ki ji komai ba. Wannan gubar ba ta sallama, ba wari, ba yauƙi. Wanda ya fi ci mini tuwo a ƙwarya shi ne "ai na ɗumama shi". Kada ki kawo mini zancen ɗumame a nan. In gubar ta riga ta samu, ko ki mayar da tukunyar kan wuta har ta kama, tana nan daram. Rufe murfi kuma ƙuda kawai yake hanawa, zafin ma riƙe shi yake yi. Haka kular abinci, in ta wuce 'yan awanni.

Ba wai ban san wahalar ba. Na taɓa zama na naɗe guda sittin, bayana sai da ya ƙage. Ga tsadar kwalbar ganyen, ga ta man zaitun. Wadda ta sha wannan aiki ba za ta iya kallon rabin tukunya ta juye a shara ba, na fahimta. Amma yarinyar gida na biyu shekararta huɗu, ta iso mana idanu sun faɗa, leɓe ya bushe, sai da muka yi ta neman jijiya kafin mu ɗaura mata ƙarin ruwa. Uwar na tsaye tana kuka tana cewa ko sammu ne. Kuɗin da aka kashe ranar ya sayi kwalba nawa?

Masu sayarwa a status ɗin WhatsApp, ku ma da ku nake. A dafa tun safe, a jera a roba, a bai wa ɗan aike ya yi ta yawo da shi cikin rana har magariba. Ku ji tsoron Allah.

Ga abin yi, a gurguje:

Ki dafa daidai cikin mutanen gidan. In ya yi yawa, azumi ne, aika wa maƙwabta tun da zafinsa.
Kina saukewa, ya ɗan sha iska, ki kwashe a faffaɗan mazubi don ya yi saurin hucewa.
Kada ya wuce awa biyu a waje. In ana zafi irin na yanzu, awa ɗaya.
Firiji mai sanyin gaske, ba wanda aka ɗauke wa wuta tun jiya ba. Ki cinye washegari.
Babu wuta, babu ƙanƙara? To babu ajiya.
Wanda ya riga ya kwana a waje, zubar. Kada a bai wa almajiri ko mai aiki, su ma ciki gare su.

In kuma an riga an ci, amai ya fara, a haɗa ruwan gishiri da sukari: lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, sukari ƙaramin cokali shida, gishiri rabin ƙaramin cokali, ko a sayo ORS a kemis. A riƙa kurɓa kaɗan-kaɗan. Ƙaramin yaro, tsoho, mai juna biyu, ko wanda ruwan ma ba ya zama a cikinsa, ko fitsari ya ɗauke masa, a kawo mana shi nan take, kada a tsaya jiƙe-jiƙe. Babban da ke amai kuma ya ajiye azumin ranar ya sha ruwa, Allah Ya yi wa mara lafiya rangwame, ya rama bayan salla.