Kaurin laminat ba shi ne ƙarko ba

A Maradi, masu sayen laminat, katakon nan da ake shimfiɗawa kan daɓen siminti, sukan nace sai mai milimita 12, wai ya fi ƙarko. Ba haka ba ne. Abin da ke jure karcewar yashin da takalma ke kwasowa shi ne siririn rufin samansa, kuma ana rubuta ƙarfinsa a jikin kwali: AC3, AC4, AC5. Mai milimita 8 da AC4 ya fi mai 12 da AC3 jure gogayya. Kauri dai yana rage ƙarar takawa, yana ɗan ɓoye ƙananan kwazazzaɓan daɓe. Ruwa kuwa, in ya kwanta a mahaɗar katakon lokacin goge ɗaki, duka biyun kumbura suke yi.