Idan kotu ta dakatar da rushe bankin gama-kai a Indiya, kuɗin masu ajiya ya tsira ke nan?

Duk lokacin da Babban Bankin Indiya, wato RBI, ya soke lasisin wani bankin gama-kai, jita-jita iri biyu ce ke tashi. Wasu su ce shi ke nan, kuɗin kowa ya bi ruwa. Bayan 'yan kwanaki kuma, da zarar an ji shugabannin bankin sun garzaya kotu, sai zance ya juya: ai alƙali ya hana, gobe ma za a buɗe banki. Dukansu biyun ba haka doka ta ce ba, kuma na biyun ya fi cutar da mutane.

Bankunan da ake magana a kansu su ne waɗanda membobi suka haɗa hannun jari suka kafa, galibi ƙananan 'yan kasuwa, ma'aikata da 'yan fansho. Iyayen gidansu biyu ne. Rajistarsu tana hannun magatakardan ƙungiyoyin gama-kai na jiha, ko na tarayya idan bankin ya ratsa jihohi, amma lasisin aikin banki na RBI ne, a ƙarƙashin dokar tsara harkar banki ta 1949. Saboda haka rushewa tana zuwa hawa-hawa. RBI ya kan fara da taƙaita cire kuɗi a ƙarƙashin sashe na 35A. Idan abin bai gyaru ba ya soke lasisi da sashe na 22, sannan ya nemi magatakarda ya ba da umarnin rushewa, ya naɗa jami'in da zai tattara kadarori ya biya masu bin bashi.

To ina ƙofar ƙara? Sashe na 22 ɗin da kansa ya ba bankin kwana 30 ya ɗaukaka ƙara zuwa gwamnatin tarayya, kuma ya ce hukuncinta shi ne na ƙarshe. Wasu dokokin jihohi, kamar ta Maharashtra ta 1960, sun ƙara da cewa umarnin rushewar da RBI ya nema ba abin ƙalubalanta ba ne. Nan ne mutane ke ruɗewa, suna cewa in haka ne me ya kai maganar gaban alƙali? Amsar ita ce sashe na 226 na tsarin mulki, wanda ya ba manyan kotunan jihohi ikon duba aikin kowace hukuma. Ba a rufe wannan ƙofa da dokar majalisa. Sai dai ƙofar ƙunci gare ta. Alƙali ba zai zauna ya lissafa ko bankin yana da isasshen jari ba, wannan aikin RBI ne. Abin da yake tambaya shi ne: an ba bankin damar kare kansa? An bayyana dalili? Akwai alamar mugun nufi ko wuce gona da iri? Tun 1962, a shari'ar bankin Palai na Kerala, Kotun Ƙoli ta amince cewa RBI ne ke da ƙwarewar gane bankin da ya zama haɗari ga masu ajiya, kuma kotuna ba su cika kaucewa wannan layi ba.

Akwai kuma hujjar da lauyoyin bankunan suka daɗe suna riƙewa, cewa tsarin mulki ya bar ƙungiyoyin gama-kai a hannun jihohi, don haka tarayya ba ta da hurumi. A watan Mayun 2020 alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka ce duk ƙungiyar da ke aikin banki, wannan aikin nata yana ƙarƙashin ikon tarayya. A shekarar ce kuma majalisa ta gyara dokar 1949 ta ƙara wa RBI iko a kan shugabancin waɗannan bankuna, wasu bankunan Tamil Nadu suka kai ƙara Babbar Kotun Madras a kan gyaran.

Yanzu ga inda nake ganin an fi yaudarar masu ajiya. Dakatarwar kotu ba ta ƙara ko rupi ɗaya a asusun banki. Bankin Rupee na birnin Pune ya shiga ƙarƙashin takunkumin RBI a Fabrairun 2013, ba a soke lasisinsa ba sai Agustan 2022. Shekara tara ana neman wanda zai haɗe shi, ana kai-komo. Bayan sokewar ma aka ɗaukaka ƙara, aka samu 'yan makonnin jinkiri, daga ƙarshe aka kori ƙarar. Wanda ya shigar da ƙara yawanci hukumar daraktoci ce ko ƙungiyar ma'aikata, kuma buƙatarsu ba lallai ta zama ta tsohuwar da fanshonta ya maƙale ba. Kafin 2021 lamarin ya fi muni, domin kuɗin inshora ba ya fita sai an soke lasisi ko an haɗe banki, wato kowane ɗage zama ƙarin jira ne ga mai ajiya. An gyara wannan a 2021: yanzu hukumar inshorar ajiya, DICGC, za ta biya cikin kwana 90 daga ranar da aka taƙaita cire kuɗi.

Nawa take biya? Rupi dubu 500, tun Fabrairun 2020, a da dubu 100 ne. Amma a karanta sharaɗin da kyau. Adadin na mutum ɗaya ne a banki ɗaya, uwar kuɗi da ruwa duka a ciki. Wanda ya rarraba kuɗinsa a rassa huɗu na banki guda, haɗe su za a yi a lissafa masa sau ɗaya. Hannun jarin memba ba ajiya ba ne, inshora ba ta shafe shi ba, kuma shi ne ƙarshen layi wajen rabo. Wanda banki ke bi bashi kuwa kada ya yi murna: bashi bai mutu ba, jami'in rushewa zai bi shi, har ma a cire daga ajiyarsa kafin a biya shi.

RBI ya kan ce sama da kashi 90 cikin 100 na masu ajiya za su karɓi kuɗinsu cif, a bankin Rupee ma ya ce sama da kashi 99. Gaskiya ne, amma ƙirgen kawuna ne, ba na kuɗi ba. 'Yan kaɗan ɗin da suka rage su ne waɗanda suka zuba kuɗin sallamar aiki ko na sayar da gida, da ƙananan ƙungiyoyi waɗanda ake lissafa su a matsayin mai ajiya ɗaya ko da membobinsu ɗaruruwa ne. Su sai sun jira an sayar da kadarori, ga kuma DICGC da doka ta ba haƙƙin karɓar abin da ta biya daga cikin wannan dukiya. A bankin gama-kai na Punjab da Maharashtra (PMC), wanda ya durƙushe a Satumbar 2019 bayan an gano kusan kashi 73 cikin 100 na bashinsa ya tafi ga kamfanin gine-gine guda, HDIL, an fara da barin mutum ya ciri rupi 1,000 kacal. Da aka haɗe shi da bankin Unity a Janairun 2022, aka tsara biyan manyan masu ajiya kashi-kashi har tsawon shekara 10. Ban ga adalci a nan ba, musamman tunda RBI ne ke duba littattafan bankin duk shekarun da ake ɓoye bashin.