Waiwaye: tun yaushe kyamara ke jiran janar a bakin jirgi?

Muhawarar da ake tafkawa kan bidiyon yaƙi, wane ne na gaskiya, wane ne aka haɗa da kwamfuta, ta sa wasu na ganin jiya-jiya matsalar ta faro. Tushenta ya haura shekara 120.

An san farkon labarin. A 1896 Robert Paul, ɗaya daga cikin masu shirya fim na farko a Birtaniya, ya ɗauki tseren dawakin Derby a fim, washegari aka haska shi a Landan. A 1910 kamfanonin fim na Pathé da Gaumont suka fara fitar da fim ɗin labarai a kai a kai a Birtaniya. Abin da ya faru a tsakani ne ake yawan tsallakewa.

Da Yaƙin Boer ya ɓarke a 1899 tsakanin Birtaniya da 'yan Boer, wato fararen fatar Afirka ta Kudu 'yan asalin Holland, mai ɗaukar fim William Dickson ya tafi Afirka ta Kudu da wata kyamara mai nauyin da sai an ɗora ta a keken doki. Can ya tarar da yaƙin da ba ya ɗaukuwa: 'yan Boer na harbi daga nesa, a ɓoye, da harsashin da ba ya hayaƙi. Sansani da jerin gwanon sojoji ne akasarin abin da ake samu. A gida kuwa 'yan kallo sun biya kuɗi, suna son ganin ɗauki-ba-daɗi. Sai wasu suka sa wa 'yan wasa kaki, suka shirya artabu a filayen Ingila. Wasu kuma suka kama hanya mafi sauƙi, wato ɗaukar bikin tarbar manyan hafsoshi idan sun dawo gida. An san rana, an san sa'a, an san titin da za a bi. Kafa kyamara kawai za a yi, a jira.

Haka aka ɗauki dawowar Lord Roberts, babban kwamandan sojojin Birtaniya a yaƙin, a Janairun 1901, da ta magajinsa Kitchener a tashar jirgin ruwa ta Southampton a Yulin 1902. Dama an gwada tun Nuwamban 1898, lokacin da aka karrama Kitchener a zauren Guildhall na Landan bayan yaƙin Omdurman a Sudan, inda Ansar, wato mabiyan Mahadi, fiye da 10,000 suka kwanta dama. Ɗan kallo a Landan ya ga karusa da tutoci, bai ga gawa ko ɗaya ba.

A ganina nan gizo ke saƙar. Tarbar gaskiya ce, ba ƙirƙira ba, shi ya sa ba a tuhume ta ba kamar yadda aka tuhumi artabun bogi. Amma ita ta saba wa jama'a da ganin yaƙi daga ƙarshensa, ta ɓangaren wanda ya ci nasara. Sansanonin da aka tsare mata da yaran Boer da baƙaƙen fata, inda dubbai suka mutu, ba su da ranar biki da za a kafa musu kyamara.