Chano Pozo

Luciano Pozo González, wanda duniya ta fi sani da Chano Pozo, makaɗi ne ɗan ƙasar Kyuba da ya shigar da gangar konga cikin kiɗan jaz na Amurka. An haife shi a birnin Habana ranar 7 ga Janairun 1915, aka kuma kashe shi a New York a farkon Disamban 1948, yana da shekara 33.

Ya taso ne a gidan haya na talakawa da ake kira El África. Tun yana yaro ba ya jin magana, har aka kai shi gidan horon kangararru a Guanajay. Da ya fito ya yi sana'o'in titi kafin kiɗa ya ɗauke shi. Ya yi suna a bukin kaɗe-kaɗe da raye-rayen titi (carnival) na Habana a matsayin ɗan rawa da makaɗi da mai tsara waƙa, kuma waƙarsa "Blen, Blen, Blen" ta yaɗu bayan da mawaƙin Kyuba Miguelito Valdés ya rera ta.

Tushen kiɗansa yana wajen bayin da aka kwasa daga Afirka ta Yamma. Pozo ɗan ƙungiyar asirin maza ne ta Abakuwa, wadda asalinta ƙungiyar Ekpe ce ta yankin Kalaba a kudu maso gabashin Najeriya, kuma ya san kaɗe-kaɗen Santeriya, addinin da ya samo tushe daga bautar gargajiya ta Yarabawa. Konga doguwar ganga ce mai fuska ɗaya, da tafin hannu ake kaɗa ta, ba da makaɗi ba.

A 1947 ya koma New York. Mario Bauzá, wani makaɗin Kyuba mazaunin birnin, shi ne ya haɗa shi da Dizzy Gillespie, mabushin kakakin jaz ɗan Amurka da ke neman wanda zai sa wa ƙungiyarsa gangar Kyuba. Pozo ba ya jin Turanci, Gillespie ba ya jin Sifaniyanci, sai dai ganga ta yi musu tafinta. Ranar 29 ga Satumban 1947 suka hau dandalin Carnegie Hall da kiɗan "Cubana Be, Cubana Bop" na George Russell, inda Pozo ya riƙa rera baitocin gargajiya yana kaɗa gangarsa.

Aikinsu mafi shahara shi ne "Manteca", wanda aka ɗauka a faifai a Disamban wannan shekarar. Pozo ne ya kawo zubin da ake ta maimaitawa, sauti a kan sauti, Gillespie ya ƙara sashen tsakiya irin na jaz, Gil Fuller kuma ya tsara shi don babbar ƙungiya. Haɗin bai zo da sauƙi ba: kiɗan Kyuba yana tafiya ne bisa klabe, wato bugu biyar da komai ke jingina da shi, mawaƙan jaz kuwa ba su saba da hakan ba, sai da Pozo ya koya musu. A farkon 1948 ƙungiyar ta zagaya Turai, har da Faris.

Mutum ne mai son ado da saurin fushi. Wani mai suna Eusebio Muñoz ne ya harbe shi a wata mashaya a unguwar Harlem, bayan saɓani kan cinikin tabar wiwi. An mai da gawarsa Habana, aka binne a maƙabartar Colón.

Shekara ɗaya da 'yan watanni kacal ya yi tare da Gillespie, amma bayansa konga ta zauna a jaz daram. Makaɗan konga irin su Cándido Camero da Mongo Santamaría da Ray Barretto duk ta wannan ƙofar suka shiga.