Waiwaye: yadda takobi ya zama fuskar Japan a finafinai

Tun da Shogun, shirin talabijin na Amurka kan mayaƙan Japan na dā, ya kwashe kyaututtukan talabijin na Emmy 18 a 2024 gardama ta sake tashi: me ya sa Turawa ba sa kallon Japan sai da takobi a ƙugu? Wasu na ɗauka sabon yayi ne, alhali maganar ta girmi yawancin masu gardamar.

Farkonta sananne ne. Jiragen ruwan Amurka suka isa gaɓar Japan a 1853, ƙasar ta buɗe ƙofa, majigi ya shiga kafin 1900. Aro kuwa kowa ya yi: daraktan finafinan Japan Akira Kurosawa ya ɗauko Macbeth, wasan kwaikwayon Shakespeare na Ingila, ya sa masa sulken Japan a 1957, Amurkawa suka mai da fim ɗinsa Seven Samurai fim ɗin kaboyi a 1960.

Abin da ake yawan tsallakewa shi ne Satumban 1951. Wata 'yar Italiya mazauniyar Japan, Giuliana Stramigioli, ita ta ba da shawarar a kai Rashomon, fim ɗin Kurosawa, bikin finafinai na Venice a Italiya. Kurosawa bai ma san an kai ba. Kamun kifi ya je a kogin Tama, ya dawo gida matarsa ta tare shi da albishir cewa fim ɗinsa ya ci babbar kyautar. Turawa suka ga daji, kyamara na kallon rana ta tsakanin ganye, da mutane cikin tufafin dā. Abin ya shiga ransu.

A ganina nan ne kasuwa ta yanke hukunci. Masu shirya fim suka gane irin hajar da ke tafiya a waje, sai labaran zamanin dā suka riƙa bin juna: Ugetsu a Venice a 1953, Gate of Hell a bikin Cannes na Faransa a 1954. Kyawawan finafinai ne ƙwarai, amma sun tare hanya.

Abin da ke ci mini rai shi ne Tokyo Story na Yasujiro Ozu, shi ma na 1953. Tsoho da tsohuwarsa sun taso daga garin Onomichi ganin 'ya'yansu a Tokyo, 'ya'yan kowa na fama da aikinsa, sai matar ɗansu da ya rasu ce ta zauna da su. Aka ce baƙo ba zai fahimci fim ɗin ba, ya cika Japananci, bai shiga gidajen sinima na Amurka sosai ba sai 1972. Ga shi kuwa tushen labarin daga wani fim ɗin Amurka na 1937 aka samo shi, Make Way for Tomorrow.