Ku daina ɓoye mana wanda ya yi jinya

Jama'a, rani ya shigo Jos, lokacin zazzaɓin Lassa ke nan, kuma abin da nake gani a unguwanni ya dame ni. Mutum ya kwanta, a sayo maganin maleriya a kemis, a ƙara da na taifot, shiru. Sai fuska ta kumbura ko dasashi ya fara jini a kwaso shi asibiti. Mu ma'aikatan lafiya mu biyo gida muna tambayar wa ya yi jinyarsa, wa ya wanke zannuwansa, a ce mana babu kowa. Haba jama'a! Mutum ya yi mako a kwance, a ce ba wanda ya taɓa shi?

Da irin tambayoyin nan aka gano cutar, kuma a garin nan namu. A 1969 aka kawo wata nas ta mishan, Laura Wine, daga garin Lassa na ƙasar Borno zuwa asibitin mishan a nan Jos, ta rasu. Charlotte Shaw da ta goge mata baki da ɗan ciwo a yatsa, ita ma ta bi ta. Ta uku, Penny Pinneo, aka kai ta Amurka ta rayu, masana a jami'ar Yale suka fitar da ƙwayar cutar. Likita Jeanette Troup kuwa ta yanke hannu wajen binciken gawa, ta rasu a 1970. Sai a 1972, a Saliyo, aka kama ɓeran da ke ɗauke da ita. Duk bin sawu ne: wa ya taɓa wa, yaushe. Da an yi ɓoyo irin naku, da an daɗe ana binne mutane ba a san dalili ba.

Na san tsoro ne, iyayena mata. Kuna gudun a killace ku, maƙwabta su ƙaurace muku. Wallahi ba kama ku muka zo yi ba. Kwana 21 za mu riƙa auna zafin jikinku, in ya tashi a fara magani da wuri, don a kwanakin farko ya fi aiki. Sunan da kuka ɓoye, shi ne gawar da za a yi wa sutura gaba. Ku daina!

Zazzaɓin da ya ƙi jin magani, a tafi asibiti. A rufe tukunya da rumbu saboda ɓera, a daina shanya abinci a bakin titi. Kada a yi wa gawar mai irin wannan zazzaɓi wanka sai ma'aikata sun zo. Ku kira 6232, layin NCDC, hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasa, kyauta ne. In mun buga sallama, ku faɗa mana kowa, har yarinyar da ta zubar da fo.